Harafi Ɗaya Cikin Biliyan Uku: Ma'anar "bp" Da Alaƙarsa Da Ciwon Sikila

Ɗalibin da ya buɗe littafin kimiyyar halittu, ko wanda aka miƙa wa takardar sakamakon gwajin DNA, zai ci karo da wasu ƙananan haruffa biyu a bayan lamba: 500 bp, 1,600 bp. A wajenmu da zarar an ce BP, hankali kan hawan jini yake tafiya. To wannan daban ne. Ma'auni ne da masana ke auna tsawon DNA da shi, an taƙaito shi daga kalmomin Turanci biyu da ke nufin sinadarai biyu da suka haɗu suka riƙe juna. Zan kira su ma'auratan haruffa. Na damu ƙwarai da a fahimci wannan kalma, domin sikila, ciwon gadon da ya fi kowane wahalar da gidajenmu, daga canjin ma'aurata ɗaya tal yake tasowa.

DNA shi ne sinadarin da ke ɗauke da bayanan gado a cikin ƙwayoyin jikin mutum da dabba da tsiro. Zare biyu ne a nannaɗe da juna, kuma kowane zare jerin ƙananan gaɓoɓi ne da ake kira nukiliyotayid. Kowace gaɓa sassa uku gare ta: wani nau'in sukari, da fosfet, da wani sinadari mai naitirojin. Sukarin da fosfet iri ɗaya ne daga farkon zaren har ƙarshensa. Na ukun ne ke bambanta, kuma iri huɗu ne kacal: adenin, tayamin, guwanin da saitosin, waɗanda ake rubutawa A, T, G, C. Mai karatu ya ƙaddara tsani ne aka kama ƙarshensa aka murɗa. Sukari da fosfet su ne sandunan gefe biyu, kowane mataki kuwa haruffa biyu ne, ɗaya daga wannan zare, ɗaya daga wancan. Mataki ɗaya shi ne bp ɗaya.

Haɗuwar tana da ƙa'ida. A ba ya haɗuwa sai da T, G kuma sai da C. A da G manya ne, T da C ƙanana, don haka kowane mataki babba ne da ƙarami, faɗin zaren bai canzawa. Tsakanin A da T akwai igiyoyin haidurojin biyu, tsakanin G da C akwai uku, shi ya sa DNA mai yawan G da C ya fi buƙatar zafi kafin zarensa biyu su rabu. Idan wani yanki na zare ɗaya ya ce ATGC, wanda ke fuskantarsa dole ya ce TACG. A nan hikimar take. Lokacin da ƙwayar jiki za ta rabu biyu, zaren biyu sukan buɗe, kowane ya jawo haruffan da suka dace da shi, sai a wayi gari da kwafi biyu iri ɗaya. Ta haka ne ɗigon da ya fara a mahaifa yake zama mutum cikakke, kusan kowace ƙwaya tasa tana riƙe da bayani ɗaya. Duk wanda ya tsaya ya yi tunani a kan wannan tsari, sai ya ce tsarki ya tabbata ga Mahalicci.

Erwin Chargaff, masani a Jami'ar Kolombiya da ke Amurka, shi ya lura a wajen 1950 cewa yawan A a cikin DNA daidai yake da yawan T, na G kuma daidai da na C. A 1953 James Watson da Francis Crick a Kambirij ta Ingila suka bayyana dalili, bayan sun amfana da hotunan da aka ɗauka a ɗakin binciken Rosalind Franklin a Landan. An ba Watson da Crick da Maurice Wilkins kyautar Nobel a 1962. Franklin ta rasu tun 1958, kuma ya kamata malaman makarantunmu su riƙa ambaton sunanta tare da nasu.

Wajen lissafi, ma'aurata dubu ɗaya ana rubuta su 1 kb, miliyan ɗaya kuma 1 Mb. Abin da mutum ya gada daga mahaifiyarsa ya kai ma'aurata kimanin biliyan 3, daga mahaifinsa ma haka, an rarraba su cikin ƙunshi 46 da ake kira kuromosom. Da za a miƙe DNA na ƙwaya ɗaya, tsawonsa zai kai kusan mita 2. Aikin karanta wannan jeri ya ɗauki masana daga 1990 zuwa 2003, guraben da suka rage ba a cike su ba sai 2022. Ɗalibai su kiyaye wani abu: ba a cewa bp sai inda zare biyu suke. Ƙwayar cutar korona zare ɗaya ne na RNA, wani sinadari ɗan'uwan DNA, don haka ana cewa tana da nukiliyotayid kusan 30,000. A RNA ɗin ma babu T, wani harafi ne U ke haɗuwa da A.

Yanzu mu zo kan sikila, inda maganar ta shafi kowa. A kan kuromosom na 11 akwai wani yanki mai tsawon kimanin 1,600 bp, shi ke ba da umarnin yadda za a gina wani sashe na himoglobin, sinadarin da ke ɗaukar iskar numfashi a cikin jajayen ƙwayoyin jini. Jiki yana karanta umarnin haruffa uku-uku, kowane ukun suna nuna tubali ɗaya. A gurbi na shida, mai lafiya yana da GAG. Mai ɗauke da sikila yana da GTG. Iyakar bambancin ke nan, A ya koma T. Amma tubalin da aka ɗora sai ya canza, himoglobin ɗin ya riƙa manne wa juna idan iskar numfashi ta yi ƙaranci, ƙwayar jinin da ya kamata ta kasance zagayayyiya mai laushi ta ƙage ta lanƙwashe kamar lauje. Irin waɗannan ƙwayoyi sukan maƙale a ƙananan hanyoyin jini. Daga nan ne ciwon ƙashi mai sa yaro birgima cikin dare yake zuwa, da kumburin hannu da ƙafa ga jarirai, da idon da ya yi ɗorawa, da ƙarin jini a kai a kai. Vernon Ingram ne ya gano wannan canjin tubali a tsakiyar shekarun 1950. Akwai kuma wani nau'in himoglobin da ake kira C, wanda ya fi yawa a arewacin Gana da Burkina Faso. Shi ma a gurbi na shida yake, GAG ya koma AAG.

Kada a rikita waɗannan haruffa da na takardar jinotayif. A ɗin da ke cikin AA ko AS ba adenin ba ne, sunan himoglobin mai lafiya ne, S kuma sunan na sikila. Haruffa biyun suna nuna abin da aka gada daga uwa da abin da aka gada daga uba. Wannan kaɗai ya isa ya rushe zaluncin da ake yi wa mata a gidaje da yawa, inda dangin miji ke cewa ita ta kawo musu ciwo. Babu yaron da zai zama SS sai ya karɓi S daga uwa, ya karɓi S daga uba. Ba sammu ba ne, ba iska ba ce, ba kuma abin da uwa ta ci lokacin goyon ciki ba ne.

Mai AS lafiyarsa ƙalau a mafi yawan lokaci, har ma yana da kariya daga zazzaɓin cizon sauro mai tsanani, kamar yadda Anthony Allison ya nuna a Gabashin Afirka a 1954. Wannan ne ya sa S ya yawaita a ƙasashenmu, har Najeriya ta zama ƙasar da aka fi haihuwar masu sikila a duniya, kusan mutum ɗaya cikin huɗu yana ɗauke da S. Idan AS ya auri AS, kowane ciki yana da yiwuwar kashi 25 cikin 100 ya zama SS. Kowane ciki lissafinsa daban. Masu cewa ai na fari ya ɗauke, sauran ukun sun tsira, sun yi kuskure. Ana iya samun huɗu lafiya lau, ana iya samun uku a jere masu ciwon.

Magani mai taɓa DNA ɗin kansa ya fara samuwa. A ƙarshen 2023 hukumomin Birtaniya da Amurka suka amince da wani magani mai suna Casgevy, amma kuɗinsa a Amurka ya haura dala miliyan 2. Talakan Funtuwa ko Maraɗi bai da hanyar kaiwa gare shi. Abin da ke hannunmu shi ne gwajin jinotayif, kuma Jihar Kano ta mayar da shi doka kafin aure a 2024. A je asibiti amintacce, a kuma gaya wa ma'aikaci idan an yi ƙarin jini a watannin baya, domin jinin wani yana iya ɓata sakamakon. Iyaye da waliyyai da limamai masu ɗaura aure, ku nemi takardar tun kafin a kai kuɗin gaisuwa, tun zukatan yaran ba su yi nisa ba. Masu sikilar da ke tare da mu kuwa, a kai su asibiti a kan kari, a ba su ruwa isasshe, a kwantar da su cikin gidan sauro, a daina jifansu da magana.