Ko Kun Sani? Lokacin da Sauraron Rediyo Ya Zama Laifi

A Yaƙin Duniya na Biyu, sojojin Jamus sun mamaye tsibiran Jersey da Guernsey na masarautar Birtaniya daga 1940 zuwa Mayun 1945. Da zuwansu suka mayar da agogo kan lokacin Jamus, daga baya tuƙi ma ya koma hannun dama. Wani abin da ya ci wa mutane rai sosai shi ne ƙwace akwatunan rediyo a Yunin 1942. Sai jama'a suka riƙa harhaɗa 'yan ƙananan rediyo a ɓoye, suna kasa kunne ga BBC cikin dare. A 1944 aka kama Louisa Gould, mai kanti a Jersey, saboda rediyo da kuma ɓoye wani fursuna ɗan Rasha a gidanta. Baiwar Allah ba ta dawo ba. A sansanin Ravensbrück aka kashe ta a 1945.