Adamu Halilu da matasan da ke shirya fim a Limawa

Matashin unguwar Limawa ta Jimeta da ya ƙudurta zama mai shirya fim da ƙashin kansa ba ya jiran kowa a yau. Da wayarsa yake ɗauka, abokansa ne 'yan wasa, lungun unguwa ko bakin kogin Binuwai ya ishe shi wurin aiki. In ya gama tacewa a kwamfutar aro sai ya ɗora a YouTube, ya shiga neman mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo, domin sai ya cika su zai fara ganin kuɗin talla. Kasuwar faifan CD da ta riƙe Kannywood a da ta mutu, masu tura fim a waya sun gaje ta, kuma ba kasafai ko kwabo ke komawa aljihun mai fim ba.

Da yawa cikin waɗannan matasa na Jimeta ba su san cewa jiharsu ta Adamawa ce ta haifi ɗaya daga cikin iyayen wannan sana'a a Najeriya ba. Adamu Halilu ɗan Garkida ne, an haife shi a 1936. Ya yi aiki a sashen fina-finai na gwamnatin Arewa, inda ake shirya fina-finan wayar da kai da ake yawo da su ƙauyuka a motar majigi. Daga can ya kai ga babban aikinsa, Shehu Umar, a 1976, wanda aka gina a kan littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa. Umaru Ladan ne ya fito a matsayin Shehun, malamin da ke ba almajiransa labarin yadda aka sace shi yana yaro, aka ƙetara Sahara da shi, mahaifiyarsa kuma ta bi sawunsa. Ya kuma shirya Kanta of Kebbi, sannan ya shugabanci Hukumar Fina-finai ta Najeriya da aka kafa a 1979. Ya rasu a 2001.

Abin da ya fi taɓa zuciya shi ne abin da ya sami Shehu Umar bayan haka. Fim ne da gwamnati ta zuba wa kuɗi, amma ya ɓace shekaru da dama kamar ba a taɓa yin sa ba, har aka fid da rai. Sai a 2016 aka gano gwangwanayen fim ɗin a ma'ajiyar hukumar. Cibiyar Arsenal da ke Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018. Jamusawa sun zauna sun kalli Hausar 1976 tar a majigi, alhali 'yan garin mai fim ɗin da yawa ko sunansa ba su taɓa ji ba.

To, in fim mai gata irin wannan ya kusa salwanta, ina ga na yaron da bai da kowa? Aikinsa na wata da watanni yana kwance a memori guda. Waya ta faɗa ruwa, ko a rufe masa tasha, shi ke nan. Tare da shi za a rasa Hausar Jimeta mai gauraye da Fulatanci, da suturar wannan zamani, da kamannin unguwannin da gine-gine ke sauyawa kullum.

Ku matasa, ku riƙa ajiye ainihin abin da kuka ɗauka a wuri biyu, ku rubuta shekara da sunayen waɗanda suka yi aikin. Gwamnatin Adamawa da Jami'ar Modibbo Adama kuma, don Allah ku nemo Shehu Umar daga hukumar da ke Jos, ku kafa majigi a Jimeta, ku gayyaci yaran Limawa su zo su gani.