BABI NA UKU: YADDA AKE BIYAN RANCEN GIDA DA ABIN DA YAKE CI GABA ƊAYA

3.0 Gabatarwa

A babin da ya gabata an yi bayani a kan matsalar muhalli a Sabon Garin Gusau, unguwar da ta bunƙasa da baƙi 'yan kasuwa da ma'aikata tun bayan isowar jirgin ƙasa a ƙarshen shekarun 1920. An kuma nuna yadda ƙirƙiro Jihar Zamfara a ranar 1 ga Oktoba, 1996, da ƙaurar da mutanen karkara suka yi daga yankunan Tsafe da Bunguɗu saboda rashin tsaro, suka ƙara wa gidajen haya daraja. A wannan babi kuwa za a duba hanyar mallakar gida ta cin rance. Za a fayyace ma'anar rancen, da yadda ake lissafa biyan wata-wata, da kuma jimillar abin da mutum zai biya kafin gida ya zama nasa. Dukkan alƙaluman da aka kawo na lissafi misalai ne da aka gina a kan rancen N5,000,000 domin sauƙaƙa fahimta.

3.1 Ma'anar Rancen Gida

Jingina ba baƙon abu ba ne ga Bahaushe. Tun kafin zuwan banki, mutum yakan jinginar da gonarsa ko gidansa ya karɓi kuɗi, in ya biya a mayar masa da abinsa. Rancen gida na zamani ya yi kama da wannan ta fuska ɗaya, wato gidan shi ne jinginar. Sai dai ya bambanta ta fuskoki uku. Na farko, gidan da za a saya ko a gina da kuɗin shi ake jinginarwa. Na biyu, mai cin rancen yana zaune cikin gidan, takardun mallaka ne kawai ke hannun banki. Na uku, ana biya ne kaɗan-kaɗan kowane wata har tsawon shekaru, tare da kuɗin ruwa.

Abubuwa uku ne ke tsayar da nauyin kowane rance: uwar kuɗi, wato abin da aka ranta, kuɗin ruwa, wato kason da ake ɗorawa cikin ɗari a shekara, da wa'adi, wato tsawon lokacin biya. Da zarar ɗaya ya motsa, jimilla ta sauya.

3.2 Hukumomin da Ke Ba da Rancen

Tarihin rancen gida a Nijeriya ya faro ne da wata ƙungiyar gine-gine da aka kafa a 1956, wadda gwamnatin tarayya ta mayar Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya a 1977, bankin da aka fi sani da FMBN. A 1989 aka yi Doka ta 53 wadda ta ba da damar kafa ƙananan bankunan lamunin gidaje. Sannan a 1992 aka yi Doka ta 3 wadda ta kafa Asusun Gidaje na Ƙasa, wato NHF. Dokar ta tanadi a riƙa cire kashi 2.5 cikin ɗari na albashin ma'aikaci kowane wata ana zubawa a asusun. Wani gyara da aka sa wa hannu a 2023 ya mayar da zubin ya zama na ganin dama ga ma'aikatan kamfanoni masu zaman kansu.

Wanda ya yi zubi na aƙalla wata shida yana iya neman rance ta hannun ɗaya daga cikin ƙananan bankunan. Ruwan wannan rance kashi 6 ne cikin ɗari a shekara, wa'adinsa kuma yana iya kaiwa shekara 30. A 2018 an sassauta kason da mai nema zai fara ajiyewa: ba a neman komai ga rancen da bai wuce naira miliyan 5 ba, sai kashi 10 cikin ɗari ga wanda ya ɗara haka zuwa miliyan 15. Ma'aikatan cibiyoyin tarayya da ke Gusau, kamar Cibiyar Lafiya ta Tarayya da Kwalejin Ilimi ta Tarayya da Jami'ar Tarayya da aka kafa a 2013, suna cikin rukunin da wannan tsari ya shafa kai tsaye.

Bankunan kasuwanci ma suna ba da rancen gida, amma ruwansu yana bin farashin da Babban Bankin Nijeriya ya tsayar. A ƙarshen 2024 wannan farashi ya kai kashi 27.5 cikin ɗari, don haka ba a sa ran samun rancensu da araha.

3.3 Yadda Biyan Wata-Wata Yake Rabuwa

Abin da ya fi shige wa mutane duhu shi ne, kuɗin da ake cirewa kowane wata ba ya tafiya gaba ɗaya wajen rage bashi. Kashi biyu yake rabuwa. Ana fara cire ruwan wannan watan, abin da ya rage shi ke rage uwar kuɗi.

Misali, a ɗauka wani ma'aikaci da ke haya a Sabon Gari ya ranci N5,000,000 a kan ruwa kashi 6, zai biya cikin shekara 20. Biyansa na kowane wata zai kama N35,822. Kashi 6 a shekara daidai yake da rabin kashi ɗaya a wata. Saboda haka a watan farko ruwan N5,000,000 shi ne N25,000, abin da ya rage uwar kuɗi kuwa N10,822 ne kacal, bashi ya koma N4,989,178. A wata na biyu za a lissafa ruwa a kan wannan ragowar, ya zama N24,946, sai N10,876 ta rage bashi. Haka za a yi ta tafiya, kason ruwa yana raguwa, kason uwar kuɗi yana ƙaruwa, alhali abin da ake cirewa bai sauya ba.

Illar wannan tsari tana fitowa fili idan aka kai rabin wa'adi. Bayan shekara 10 ma'aikacin ya biya kimanin N4,298,600, wato ya kusa biyan adadin da ya ranta. Amma idan ya je banki ya tambaya, za a ce masa ana binsa kimanin N3,226,600. Dalili kuwa shi ne, daga cikin abin da ya biya, fiye da naira miliyan biyu da rabi ruwa ya cinye. Wannan ba zamba ba ce, haka lissafin yake. Sai dai wanda bai san da shi ba tun farko yakan ɗauka an zalunce shi.

3.4 Tasirin Wa'adi da Ruwa a Kan Jimilla

Jadawalin da ke biye ya nuna yadda rancen N5,000,000 a kan ruwa kashi 6 yake sauyawa gwargwadon wa'adi:

Shekara 10: N55,510 a wata, jimilla kimanin N6,661,000.
Shekara 15: N42,193 a wata, jimilla kimanin N7,595,000.
Shekara 20: N35,822 a wata, jimilla kimanin N8,597,000.
Shekara 30: N29,978 a wata, jimilla kimanin N10,792,000.

Idan aka lura, wanda ya zaɓi shekara 30 maimakon 20 ya sami sauƙin abin da bai kai N6,000 ba a wata, amma ya ƙara wa kansa fiye da naira miliyan biyu. Hasali ma ruwan da zai biya ya fi uwar kuɗin yawa, ke nan ya sayi gida ɗaya da kuɗin gida biyu.

Lamarin ya fi muni idan ruwan ya yi yawa. A ɗauka an ranci wannan kuɗi a kan ruwa kashi 24. Cikin shekara 10 biyan wata zai kama kimanin N110,240, jimilla kuma naira miliyan 13.2. Idan aka ja wa'adin zuwa shekara 20, biyan wata zai sauka zuwa kimanin N100,870 ne kawai, jimilla kuwa ta haura naira miliyan 24. Wannan ya nuna cewa a inda ruwa yake da yawa, tsawaita wa'adi ba ya kawo wani sauƙin a zo a gani.

Har ila yau akwai bambanci tsakanin ruwan da ake lissafawa a kan ragowar bashi da wanda ake lissafawa a kan uwar kuɗi tun daga farko har ƙarshe. A tsari na biyu, kashi 6 na N5,000,000 shi ne N300,000 kowace shekara, ko da an biya rabin bashin. Cikin shekara 20 jimilla za ta zama N11,000,000 maimakon N8,597,000. Duka biyun ana kiransu kashi shida, don haka wajibi ne mai nema ya tambayi wanne ake nufi kafin ya sa hannu.

Ta ɗaya ɓangaren kuma, idan yarjejeniya ta yarda a riƙa ƙari a kan biyan wata, ƙarin yana da amfani ƙwarai. Wanda ya ɗora N5,000 a kan N35,822 zai gama biya kusan wata 50 kafin wa'adi, ya kuma tsira da kimanin N840,000.

3.5 Sharaɗin Albashi da Shekaru

Ƙa'idar Asusun Gidaje ita ce kada biyan wata ya wuce sulusin abin da mutum ke samu. Ke nan mai son biyan N35,822 sai samunsa ya kai kimanin N107,500 a wata. Mafi ƙarancin albashi da aka tsayar a 2024 shi ne N70,000, sulusinsa N23,333. Da wannan adadi, ko da an ba mutum shekara 30, rancen da zai samu bai kai naira miliyan huɗu ba. Bugu da ƙari, ana duba shekarun da suka rage kafin ritaya, wato cika shekara 60 da haihuwa ko 35 a bakin aiki. Ma'aikaci mai shekara 45 ba zai wuce wa'adin shekara 15 ba, don haka biyansa na wata ya fi na matashin da ya fara aiki nauyi.

3.6 Sauran Kuɗaɗen da Ba Su Cikin Jadawali

Jimillar da aka nuna a sama ba ita ce ƙarshen kashe kuɗi ba. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa filayen birane a hannun gwamna, ta kuma shar'anta neman amincewarsa kafin a jinginar da fili. Banki ba ya karɓar takardar ciniki da mai unguwa da shaidu suka sa wa hannu ita kaɗai, alhali da irinta gidaje da yawa a tsofaffin unguwanni suke hannun masu su. Saboda haka sai an nemi takardar shaidar mallaka ta gwamnati, abin da ke jawo kuɗin safiyo da na rajista da harajin hatimi. Akwai kuma ladan mai ƙiyasta darajar gida, da na lauya, da la'adar dillali, da kuɗin shirya takardu na banki, da inshorar gobara da ta rai. Ga mai gini kuwa, akwai kuɗin hayar da zai ci gaba da biya har a gama aiki, ga kuma tashin farashin siminti da ƙarfe wanda yakan sa rance ya ƙare gini bai kai rufi ba.

3.7 Hauhawar Farashi

Akwai abu guda da ke taimakon mai cin rancen da ruwansa ba ya sauyawa. Mafi ƙarancin albashi ya tashi daga N18,000 a 2011 zuwa N30,000 a 2019, sannan N70,000 a 2024. Wanda ake cire masa adadi ɗaya tun 2011, nauyin ya ragu a kansa, alhali ɗan haya ana ta ƙara masa kuɗi. A 2024 hauhawar farashi ta haura kashi 30 cikin ɗari, wato ta ninka ruwan Asusun Gidaje sau biyar. Sai dai wannan sauƙi yana tabbata ne idan albashi ya ƙaru kuma yana zuwa a kan lokaci. Idan biya ya tsaya, bashi yana taruwa, daga ƙarshe banki yana da ikon sayar da gidan.

3.8 Matsayin Kuɗin Ruwa ga Al'ummar Yankin

Ba za a kammala wannan bayani ba sai an taɓo batun addini. Zamfara ce jihar da ta fara ƙaddamar da shari'ar Musulunci a watan Oktoba na 1999, kuma Musulunci ya haramta riba. Wannan ya sa mutane da yawa ke gudun rancen ruwa komai ƙanƙantarsa, suna gwammace adashi da gini sannu a hankali, bana a sayi fili, baɗi a kewaye, wata shekara a ɗora ɗaki biyu. Babban Bankin Nijeriya ya fitar da ƙa'idojin bankin da ba ruwa a 2011, Bankin Jaiz kuma ya fara aiki a 2012. A irin wannan tsari akwai murabaha, inda banki ke sayen gida ya sayar wa mutum da ribar da aka sani tun farko. Akwai ijara, inda mutum ke biyan haya har gida ya koma hannunsa. Akwai kuma musharaka mai raguwa, inda ake tarayya a mallakar gida, mutum yana sayen kason banki a hankali. Ko a nan ma lissafi bai faɗi ba, domin ribar banki tana ƙaruwa gwargwadon tsawon wa'adi.

Haka nan shari'a ta gabatar da biyan bashi a kan rabon gado. Idan magidanci ya rasu da ragowar rance, kuma babu inshora ko takaful da zai biya, to nauyin yana kan dukiyar da ya bari, gidan da marayu ke ciki yana iya salwanta.

3.9 Kammalawa

A wannan babi an ga cewa tambayar nawa za a riƙa cirewa a wata ba ta wadatar ba. Ya kamata mai neman rance ya san jimillar abin da zai biya, da irin lissafin ruwan, da ko ruwan zai iya sauyawa, da ko an yarda a biya kafin wa'adi, da kuma abin da zai faru idan albashi ya tsaya ko ajali ya zo. Hausawa na cewa bashi hanji ne, yana cikin kowa, amma bashin shekara 20 ko 30 yana buƙatar a ga jadawalinsa a rubuce kafin a ɗauka. Babi na gaba zai duba hanyoyin gargajiya na mallakar gida a Gusau da Tsafe da Bunguɗu, domin a kwatanta su da abin da aka bayyana a nan.