Kalmar "Onanism": Ma'anarta, Asalinta da Matsalar Fassara ta zuwa Hausa a Kudancin Jihar Kaduna

1.0 Gabatarwa

Kowace al'umma tana da abubuwan da take jin nauyin ambatonsu kai tsaye, musamman waɗanda suka shafi al'aura da saduwar mace da namiji. Idan buƙatar ambatonsu ta taso, akan sakaya zance, ko a ari kalma daga wani harshe mai daraja, ko a fake da sunan wani mutum ko wani wuri. Kalmar Ingilishi "onanism" misali ce ta hanya ta uku. Tsohuwar kalma ce wadda masu magana da Ingilishi suka daina yawan amfani da ita, amma tana nan birjik cikin tsofaffin littattafan likitanci da na sharhin Littafi Mai Tsarki, irin waɗanda malaman makaranta da masu wa'azi da masu fassara suke cin karo da su.

Manufar wannan maƙala ita ce ta bi diddigin kalmar, ta nuna yadda ma'anarta ta kauce wa labarin da aka ciro ta daga cikinsa, sannan ta dubi kalmomin da Hausa take da su a wannan fage. An ɗauki Kafanchan da kewayenta a matsayin fagen nazari domin a nan ne Hausa take ɗauke da kalmomin addinai biyu a lokaci guda.

2.0 Matsayin Hausa a Kafanchan da Kewayenta

Kudancin Jihar Kaduna yanki ne mai harsuna da yawa, daga cikinsu akwai Tyap da Jju da Hyam da Gworok da Fantswam da Ninzo. Hausa ita ce harshen da ya haɗa masu waɗannan harsuna a kasuwa da tasha da wurin ibada. Abubuwa uku suka ƙarfafa mata wannan matsayi. Na farko, Masarautar Jama'a da fatauci. Na biyu, hanyar jirgin ƙasa wadda ta mai da Kafanchan mahaɗa a 1927, ta tara ma'aikata daga sassa daban-daban na Nijeriya. Na uku, aikin mishan: ƙungiyar SIM ta kafa tasha a Kwoi a 1910, daga baya ta buɗe makarantar horar da masu wa'azi a Kagoro. An buga cikakken Littafi Mai Tsarki cikin Hausa a 1932, aikin da Dokta Walter Miller ya taka babbar rawa a cikinsa, shekaru masu yawa kafin a fassara Sabon Alkawari zuwa harsunan yankin.

Sakamakon haka shi ne, Kiristan Kagoro ko Zonkwa ya san labarin Onan da Hausa, alhali maƙwabcinsa Musulmi bai san shi ba, domin labarin bai zo cikin Alƙur'ani ba. Shi kuma Musulmin yana da kalmomin fiƙihu na Larabci waɗanda Kiristan bai saba da su ba. Duk wanda zai rubuta littafin kiwon lafiya ko na tarbiyya domin waɗannan masu karatu biyu, dole ya san da wannan giɓi.

3.0 Asalin Kalmar

3.1 Ƙirar kalma

Kalmar ta ƙunshi sassa biyu: sunan yanka "Onan" da ɗafa-ƙeya "-ism". Wannan ɗafa-ƙeya, wadda Ingilishi ya samo daga Girkanci ta hanyar Latin da Faransanci, tana nuna aƙida ko ɗabi'a ko hali. Aikinta ya yi kusa da na "-anci" ko "-ci" a Hausa, kamar a cikin Yahudanci da shaiɗanci da fir'aunanci. Ke nan, ma'anar kalmar ta fuskar ƙira ita ce "hali irin na Onan". Tambayar da ta biyo baya ita ce: mene ne Onan ya aikata?

3.2 Labarin Onan

Labarin yana cikin Littafin Farawa, sura ta 38, aya ta 6 zuwa ta 10. Yahuza ɗan Yakubu yana da 'ya'ya maza uku: Er da Onan da Shela. Er ya auri Tamar, ya mutu bai bar ɗa ba. Sai Yahuza ya umarci Onan ya karɓi matar wansa domin ya samar wa mamacin zuriya. Wannan al'ada ce ta Ibraniyawa wadda aka tsara dokarta a Maimaitawar Shari'a, sura ta 25, aya ta 5 zuwa ta 10, inda aka nuna cewa ɗan fari da aka haifa ta irin wannan aure sunan mamacin zai ɗauka. Onan ya san ɗan ba zai zama nasa ba, saboda haka duk lokacin da ya sadu da Tamar sai ya janye, ya zubar da maniyyinsa a ƙasa. Nassin ya nuna cewa abin da ya yi mugu ne a gaban Ubangiji, aka kuwa kashe shi.

Duk wanda ya karanta labarin da natsuwa zai ga cewa mutum biyu ne a cikinsa, miji da mata. Abin da Onan ya yi shi ne janyewa yayin saduwa domin hana ɗaukar ciki. Masu sharhi sun daɗe suna muhawara a kan ainihin laifinsa. Wasu sun ce laifin shi ne ƙin cika haƙƙin ɗan'uwa da tauye haƙƙin Tamar, musamman da yake ɗan da za a haifa zai ɗauki rabon gadon Er. Wasu kuma, irin su Augustine, sun karanta labarin a matsayin hani ga hana haihuwa, kuma a kan wannan fahimta ce Paparoma Pius na 11 ya ambaci Onan cikin wasiƙarsa Casti Connubii ta 1930. A duk fahimtocin biyu, ba a maganar mutum shi kaɗai da jikinsa.

4.0 Sauyin Ma'ana

Ma'anar da aka fi sanin kalmar da ita ta yaɗu ne a farkon ƙarni na 18. A cikin shekarun 1710 aka buga wani ɗan littafi a Landan mai suna Onania, ba tare da sunan marubuci ba. Littafin ya jingina wasa da al'aura ga Onan, ya lissafa cututtukan da ya ce yana haddasawa, sannan ya tallata magungunan da mai karatu zai saya. An yi ta sake buga shi, ana ƙara masa wasiƙun da aka ce masu karatu ne suka aiko. Masanin tarihi Thomas Laqueur, cikin littafinsa Solitary Sex na 2003, ya kawo hujjar cewa wani mai aikin tiyata, John Marten, shi ne marubucin.

Wanda ya ba kalmar martabar ilimi shi ne likitan birnin Lausanne a ƙasar Suwizalan, Samuel-Auguste Tissot, wanda ya buga L'Onanisme cikin Faransanci a 1760, aka fassara shi zuwa Ingilishi a 1766. Tissot ya yi da'awar cewa asarar awo guda na maniyyi ta fi raunana jiki a kan asarar awo 40 na jini. Daga nan likitocin Turai suka shafe fiye da ƙarni guda suna danganta wannan ɗabi'a da makanta da farfaɗiya da taɓin hankali. Likitancin ƙarni na 20 ya yi watsi da waɗannan da'awoyi saboda rashin hujja, kalmar kuma ta dusashe a Ingilishi tare da su. Amma ta rayu a wasu harsuna: Jamusanci yana da "Onanie", Japananci ya ari wannan daga Jamusanci, Ibrananci na zamani kuma yana da "onanut".

Abin da ya haɗa ma'anar farko da ta biyu abu guda ne, wato zubar da maniyyi a inda ba zai haifar da ɗa ba. Masu nazarin ma'ana sun san irin wannan sauyi, inda ake ɗaukar sifa guda daga cikin labari a gina sabuwar ma'ana a kanta, a bar sauran. Sai dai tsohuwar ma'anar ba ta mutu ba, domin malaman ɗabi'a na Katolika sun ci gaba da kiran janyewar miji yayin saduwa da wannan suna. Kalmar ta zama mai fuska biyu ke nan, kuma fagen da aka yi amfani da ita ne kaɗai zai nuna fuskar da ake nufi.

Ya dace a ambaci cewa "onanism" ta zauna tare da wasu tsofaffin kalmomi, kamar "mastupration" da "manustupration". An gina waɗannan bisa zaton cewa kalmar Latin "masturbari" ta fito daga "manus", wato hannu, da "stuprare", wato keta mutunci. Masana asalin kalmomi ba su haɗu a kan wannan zato ba, amma ya nuna yadda Turawan wancan zamani suka fahimci kalmar.

5.0 Abin da Hausa Take da Shi

Kamar yadda Ingilishi yake fakewa da Latin idan zai ambaci abin kunya, haka Hausa take fakewa da Larabci. Al'aura da farji da maniyyi da jima'i da janaba duk kalmomin aro ne waɗanda malami zai iya furta su a gaban dattawa ba tare da an ce ya yi batsa ba. A fagen da muke magana, ana iya kawo kalmomi huɗu:

(a) Istimna'i. Ta fito daga saiwar Larabci m-n-y, wadda ta ba da "maniyyi", a bisa awon da ke nuna neman abu, kamar istigfari, neman gafara, da istihara, neman zaɓi. Ma'anarta neman fitar da maniyyi da gangan. Hausa ta ƙara mata wasalin "i" a ƙarshe bisa tsarin gaɓarta. Kalma ce ta malamai, ana jin ta a babin tsarki da na azumi. Mazhabar Malikiyya ta haramta aikin, tana kafa hujja da Suratul Mu'minun, aya ta 5 zuwa ta 7.

(b) Zinar hannu. Harɗaɗɗen suna ne da ya yi kama da Larabcin "nikahul yad", ya kuma yi daidai da zaton "manus" da "stuprare" da aka ambata a baya. Kalmar tana ɗauke da hukunci a cikinta, ko da yake malaman fiƙihu ba su ɗora wa mai aikin haddin zina ba.

(c) Wasa da al'aura. Bayani ne na aikin kawai, ba yabo ba zargi, kuma ya haɗa mace da namiji.

(d) Azlu. Ta fito daga saiwar Larabci mai ma'anar keɓewa ko janyewa, kuma tana nufin miji ya janye kafin fitar maniyyi. Hadisin Jabir da Buhari da Muslim suka ruwaito ya nuna sahabbai sun aikata shi a zamanin Annabi (SAW), Malikiyya kuma sun halatta shi da sharaɗin yardar matar.

Daga wannan jeri za a ga cewa abin da Ingilishi ya cakuɗa cikin kalma guda, Hausa ta raba shi gida biyu da sunaye daban da hukunci daban. Abin da Onan ya aikata azlu ne. Abin da Tissot ya rubuta a kai kuwa istimna'i ne.

Hausa ma tana da misalin sunan mutum da ya zama sunan aiki ta hanyar da ba ta dace da labarinsa ba. Kalmar "luwaɗi" ta fito daga Larabci "liwat", wadda aka ciro daga sunan Annabi Luɗu (AS), alhali shi ne ya yi wa mutanensa gargaɗi a kan aikin. Ingilishi kuwa sunan garin ya ɗauka, ya ce "sodomy". Wannan ya tabbatar da cewa asalin kalma ba hujja ba ne a kan ma'anarta, haka kuma ma'anarta ta yau ba hujja ba ce a kan abin da mai sunan ya aikata.

6.0 Matsalar Fassara

Mai fassara zai iya ƙirƙirar "Onananci" ba tare da ya saɓa wa ƙa'idar ƙirar kalma ba, amma yin haka zai haifar da matsala biyu. Musulmi ba zai gane ta ba, domin bai san mai sunan ba. Kirista kuma zai koma Farawa 38 ya tarar da labarin da bai dace da ma'anar da aka ba shi ba, ko kuma ya karanta labarin da idon kalmar, ya ɗora wa nassin abin da bai faɗa ba. Asarar a nan babba ce, domin al'ummomi da yawa na wannan yanki sun san gadon mata a al'adunsu na gargajiya, saboda haka jigon labarin, wato haƙƙin mamaci da haƙƙin matar da ya bari, abu ne da suke iya fahimta fiye da Baturen Landan na ƙarni na 18.

Akwai kuma haɗarin kiwon lafiya. Idan aka fassara tsohon littafin likitanci ba tare da nuna zamaninsa ba, za a shigo wa matasa da tsoron makanta da hauka wanda likitoci suka daɗe da ƙaryatawa. Hukuncin addini a kan aikin magana ce ta malaman kowane addini. Da'awar cuta kuwa magana ce ta likitanci, kuma bai dace mai fassara ya bar kalma guda ta haɗe su ba.

Bisa wannan, ana ba da shawarwari kamar haka. Idan kalmar ta zo cikin rubutun likitanci ko na tarbiyya domin kowa da kowa, a yi amfani da "wasa da al'aura". Idan rubutun na fiƙihu ne, "istimna'i" ta wadatar. Idan kuwa ta zo cikin bahasin aure da hana haihuwa, a ce "azlu" ga masu karatu Musulmi, a ce "janyewa yayin saduwa" ga sauran. Masu tsara ƙamusun Ingilishi da Hausa kuma su ba kalmar ma'ana biyu, su nuna cewa tsohuwa ce.

7.0 Kammalawa

Wannan maƙala ta nuna cewa "onanism" ta samo asali daga sunan Onan ɗan Yahuza, ta sami sabuwar ma'ana a Landan a farkon ƙarni na 18, ta yaɗu a Turai ta hanyar littafin Tissot na 1760. An kuma nuna cewa Hausa, albarkacin aron da ta yi daga Larabci, ta bambanta ma'anonin biyu da Ingilishi ya haɗe. Abin da ya rage shi ne a tattara kalmomin sakaya da Tyap da Jju da Hyam suke da su a wannan fage, a kwatanta su da na Hausa, a ga waɗanda suka tsira da waɗanda Hausar coci da ta masallaci suka maye gurbinsu. Wannan aiki ne da ke jiran masana 'yan asalin waɗannan harsuna.