A. R. Rahman, Mai Saka Wa Fim Rai Da Kiɗa

Rahman na ɗan shekara tara mahaifinsa ya rasu a birnin Madras na Indiya. Da kuɗin hayar kayan kiɗan mamacin aka riƙa ɗora tukunya, shi kuwa yaron ya shiga kaɗa fiyano a ƙungiyar daraktan kiɗa Ilaiyaraaja.

A Indiya, aikin daraktan kiɗa ya wuce ƙirƙirar karin waƙa. Shi ke zaɓen mawaƙa, ya zauna da marubucin baiti, sannan ya shimfiɗa sautin da ke bin kuka ko faɗa a ƙarƙashin hoto. Rahman ya fi son yin wannan aiki cikin dare, a situdiyonsa na gida.

Fim ɗin Roja na 1992 ne ya fito da shi. A 2009 fim ɗin Slumdog Millionaire ya kawo masa kyautar Oscar biyu, kuma ya cancanta.