Idan Shari'a Ta Yi Tsawo a Ƙaramar Kotu, Ina Bafatake Zai Kai Kuka?

Abu ne da muka saba gani: a ɗauko shanu daga Burkina Faso, a shigo ta Paga, kafin a iso kara a Kumasi sai wani ya ce akwai sansa da aka sace a cikin garken. 'Yan sanda su kama yaron mota ko mai dukiyar, a kai kotu, alƙali ya ɗage shari'a, a dawo, a sake ɗagewa. Mutum na wakafi, shanu na ramewa, bashi na hawa. To, a sani, doka ba ta bar ƙaramar kotu ta ci karenta babu babbaka ba. Akwai na sama da ita.

Da farko, tsarin mulkin Gana na 1992, sashe na 14, ya ce wanda aka kama dole a kai shi kotu cikin awa 48 ko a sake shi. A 2019 Kotun Ƙoli ta yanke cewa Asabar da Lahadi da ranakun hutu duk suna cikin lissafin. Wannan sashen kuma ya ce idan an tsare mutum ba a yi masa shari'a cikin lokacin da ya dace ba, sai a sake shi, ko da sharaɗi ko babu. Dokar tafiyar da shari'ar laifuffuka ta 1960, wato Doka ta 30, ta ce idan wanda ake tuhuma yana tsare, kada ɗagewa ɗaya ta wuce kwana 14. Tun 2016 kuwa, a ƙarar da lauya Martin Kpebu ya shigar, Kotun Ƙoli ta soke sashen da ya hana beli a wasu laifuffuka. Yanzu ko tuhumar fashi ce, kotu na da ikon duba roƙon beli.

To, wa ke sa ido? Sashe na 141 ya ba Babbar Kotu ikon kula da dukkan ƙananan kotuna, irin su kotun gunduma ta Asokore Mampong da ke kusa da mu a nan Aboabo. Idan an hana beli a ƙasa, lauya na iya kai roƙo Babbar Kotu ta Kumasi. Tana iya umurtar a kawo mata wanda ke tsare a faɗi dalilin riƙe shi, tana kuma iya tilasta ƙaramar kotu ta yi aikin da ta bari. Ita ma Babbar Kotun, Kotun Ƙoli ce ke kanta, bisa sashe na 132.

Ban da wannan, a 2007 an fara shirin nan mai suna Justice for All, inda alƙalan manyan kotuna ke zama cikin kurkuku, kamar na Nsawam da na Kumasi, su duba takardun 'yan wakafi da aka manta da su. Wasu a sallame su, wasu a ba su beli. Masu zuwa Nijeriya kuma su sani, dokar shari'ar laifuffuka ta tarayya ta 2015 ta ɗora wa majistare zagaya ofisoshin 'yan sanda kowane wata don ganin waɗanda ke tsare.

Amma fa ita Babbar Kotu ba ta san gaibu ba, sai an kai mata kuka da hujja. Don haka a rubuta ranar kamu, lambar shari'a, da kowace ranar da aka ɗage da dalilinta. A adana rasit na saye da takardar likitan dabbobi ta kan iyaka. Baƙo ya fi shan wahalar beli, domin kotu na son mai tsaya masa wanda ke da sananniyar mazauna. A nan ne maigidan da ya sauke bafatake zai nuna amfaninsa. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya nemi ofishin taimakon shari'a na gwamnati. Kada a ba kowa kuɗi a bayan fage wai zai kashe magana, sau da yawa biyu babu ake yi.

Duk wanda aka kama masa yaro ko abokin tafiya, ya sanar da shugabannin ƙungiya a ranar, kada ya jira sai wata ya zagayo. Allah ya tsare mu da dukiyarmu, amin.