Za A Iya Cin Abinci Ko Shan Wani Abu Kafin Gwajin Korona?

Amsar ta danganta da inda za a ɗauki samfurin. Idan a hanci kaɗai za a zura tsinken audugar, ka ci tuwonka ka sha kununka, babu abin da zai taɓa sakamakon. Idan kuwa gwajin yawu ne, ko za a goga audugar a maƙogwaro, to ka kame bakinka na minti 30 kafin gwajin. Haka hukumar lafiyar Ingila ta NHS ta rubuta a takardar kayan gwajinta na maƙogwaro. Ba irin gwajin suga ba ne da ake cewa ka zo da safe ba ka karya ba, rabin awa kawai ake nema.

Kame bakin nan ba a abinci ya tsaya ba. Ya haɗa da ruwa, shayi, cingam, goro, sigari da shisha, har da goge baki da man goge haƙori ko kurkure shi da maganin wanke baki.

Gwaji iri biyu ne aka fi sani. Na farko PCR, wanda ake yi a ɗakin gwaje-gwaje. Na'urar tana neman sinadarin gado na ƙwayar cutar ne, sai ta riƙa ninka shi zagaye bayan zagaye, har wajen sau 40, har ya yi yawan da za a iya ganinsa. Idan ka kora ruwa yanzu-yanzu, ka tsinka yawunka kuma ka wanke wani ɓangare na abin da ake nema. Ɓurɓushin abinci ma yana iya kawo wa ninkawar cikas. Sai a ce ba ka da cutar alhali tana jikinka, ka koma gida ka zauna kusa da kakarka mai ciwon suga da hawan jini.

Na biyu shi ne gwajin gaggawa, ɗan farin roban nan mai kama da na gwajin maleriya. A ganina yana cikin na'urori mafi burgewa, ba batir, ba caji. A cikinsa akwai siririyar takarda da ruwa ke bi. A farkonta an zuba sinadaran garkuwar jiki da aka manna wa ƙananan ƙwayoyin zinare, su ne ke ba da jan launin. Idan akwai furotin ɗin korona a samfurin, sai su kama shi su tafi tare, a tare su a layin T. Layin C kuwa shaida ce kawai cewa ruwan ya ratsa takardar yadda ya kamata. Idan C bai fito ba, gwajin ya lalace, ko da T ya fito.

To ina ruwan lemo da wannan? Sinadaran garkuwar nan ba sa jure tsami. Ruwan da ke cikin ƴar kwalbar da ake tsoma audugar, aikinsa ke nan, ya riƙe ma'aunin tsami daidai da yadda suke so. Lemon kwalba irin su Coca-Cola tsaminsa yana wajen 2.5 a ma'aunin pH, alhali jinin mutum yana wajen 7.4. A shekarar 2021 ƴan makaranta a Birtaniya sun gano haka, suka riƙa ɗiga lemo a kan na'urar don ta nuna layi biyu a ba su hutu, bidiyoyin suka cika TikTok. Wasu suka ɗauka wannan hujja ce cewa gwajin ƙarya ne. Abin da ya faru shi ne tsamin ya jirkita sinadaran, suka manne a layin T ba tare da wata cuta ba. Mu masu rubuta manhaja mun san wannan: ka ba shiri bayanin da ba a gina shi don karɓa ba, zai fitar maka da shirme, kuma ba laifinsa ba ne. Ragowar lemo a baki bai kai ɗiga shi kai tsaye ƙarfi ba, amma bai kamata a gwada sa'a ba.

Idan ka manta ka ci wani abu, kada ka ɓata kayan gwajin, saita agogon wayarka a minti 30 ka jira. Da wayar kuma za ka auna lokacin karanta sakamako, wanda yawanci minti 15 ne zuwa 30, gwargwadon kamfanin. Layin da ya fito bayan lokacin ya wuce ba a aiki da shi.

Akwai abin da ya fi abinci ɓata gwaji a ƙasarmu, wato zafi. Yawancin kayan gwajin gaggawa an rubuta a kwalinsu a ajiye su tsakanin digiri 2 zuwa 30. A Sakkwato ko Maiduguri cikin watan Afrilu zafi kan haura 40, balle cikin motar da aka rufe a rana. Kafin ka saya, duba inda mai kemis ya ajiye kwalin da kuma ranar da zai daina aiki.